Rancen Miliyan 10, Biyan Miliyan 48: Yadda Lissafin Rancen Gida Yake Tafiya

Duk wanda ya shiga banki neman rancen sayen gida, tambayarsa ta farko ba ta wuce "nawa za a riƙa cirewa a wata?" Ma'aikacin banki ma ita ya fi son amsawa, don adadin wata-wata ƙarami ne, yana da daɗin ji. Amma ba a nan gizo ke saƙa ba. Abin da ya kamata ka nema shi ne jadawalin biya, wato takardar da ke jera kowane wata tun daga na farko har na ƙarshe, ta nuna nawa ne ya tafi kuɗin ruwa, nawa ya rage uwar kuɗi, nawa kuma ya yi saura a kanka. Idan ba a ba ka ita ba, kada ka sa hannu.

Mu ɗauki naira miliyan 10 don lissafin ya yi sauƙi. Wanda zai ci miliyan 20 sai ya ninka.

Ɗaya daga cikin rancen gida mafi araha a Najeriya shi ne na Asusun Gidaje na Ƙasa, NHF, wanda aka kafa a 1992, Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, ke riƙe da shi. Shi ne kashi 2.5 cikin 100 ɗin nan da ake yanka a albashin ma'aikata. Wanda ya yi aƙalla wata 6 yana zubawa zai iya neman rance a kan ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, ya biya cikin shekarun da ba su wuce 30 ba. Miliyan 10 a kan wannan sharaɗi tana nufin naira 59,955 duk wata. Ka ninka sau 360, ka sami kusan miliyan 21 da dubu 580. Gida ɗaya ka saya, kuɗin gida biyu da ɗoriya ka biya.

Yanzu dubi layin farko na jadawalin. A cikin 59,955 ɗin, naira 50,000 cif kuɗin ruwa ne, 9,955 kawai suka taɓa uwar kuɗi. Dalili kuwa shi ne ana lissafa ruwan a kan abin da ya rage a kanka, kuma a farkon tafiya duk bashin yana nan bai motsa ba. Bayan shekara 10 ka zuba kusan miliyan 7 da dubu 200, amma har yanzu ana bin ka wajen miliyan 8 da dubu 370. Sai ka kai shekara 18 da rabi kafin kason da ke rage bashi ya fi kason ruwa yawa. Wannan ne ke girgiza mutumin da ya yi shekaru yana biya, buƙata ta taso ya so sayar da gidan, ya je ya tambayi saura nawa, a faɗa masa adadin da bai yi nisa da wanda ya ranta ba. Ba a cuce shi ba, haka tsarin yake.

To, wannan mai arahar ke nan. Bankunan kasuwanci ruwansu yana bin na Babban Bankin Najeriya, wanda ya kai kashi 27.5 a Nuwamban 2024, don haka rancen gida a wajensu ya haura kashi 20. Mu sa kashi 24. Miliyan 10 a shekara 10 za ta ci naira 220,481 a wata, jimilla kusan miliyan 26 da rabi. Sai mutum ya ga abin ya yi nauyi ya ce a tsawaita masa zuwa shekara 20. Biyan wata ya sauko zuwa 201,741, sauƙin da bai kai naira 19,000 ba. Jimillar kuwa ta tashi zuwa miliyan 48 da dubu 400. A watan farko naira 200,000 ruwa ne, 1,741 ne suka shiga uwar kuɗi. Bayan shekara 10, an biya sama da miliyan 24, sauran bashi miliyan 9 da dubu 150.

Idan ruwa ya yi tsada haka, tsawaita wa'adi ba taimako ba ne. Wanda ba zai iya biyan 220,000 ba, to 201,000 ma ba za ta yi masa sauƙi ba. Maganarsa ita ce ya rage yawan abin da zai ranta, ko ya nemi gida mai ƙaramin farashi, ko ya ƙara tara kafin alƙalami. Wanda kuma ya riga ya shiga na shekara 20, ƙarin naira 20,000 a kan biyan wata zai kashe bashin cikin shekara 10. Sai dai ya tabbatar yarjejeniyarsa ta yarda da biya kafin lokaci ba tare da tara ba, kuma ya rubuta wa banki cewa ƙarin a cire shi daga uwar kuɗi ne. In ba haka ba sai a ajiye shi a matsayin biyan watan gaba, ruwa ya ci gaba da gudu a kan tsohon adadi.

A rancen kashi 6 maganar ta juya, kuma nan ne mutane da yawa ke kuskuren tsoron jimilla. Naira 59,955 ta bana ba ita ce ta shekara 20 masu zuwa ba. Mafi ƙarancin albashi naira 18,000 ne a 2011, ya koma 30,000 a 2019, ya koma 70,000 a 2024, Jihar Kaduna ma ta sa nata 72,000. Hauhawar farashi ta kai kashi 34.8 a Disamban 2024. Ko da za ta tsaya a kashi 15 duk shekara, bayan shekara 10 biyan watan nan ba zai wuce darajar naira 15,000 ta yau ba, alhali kuɗin haya a unguwannin Kaduna irin su Barnawa ko Unguwan Rimi ko Malali hawa yake yi duk sanda aka zo sabunta yarjejeniya. Muddin ruwan tsayayye ne, dogon wa'adi yana yi wa mai bashi aiki. Gaskiya ne ƙarin naira 10,000 a wata zai rage shekara 30 zuwa 21, ya tsira da kusan miliyan 4, amma a gani na wanda ke da wani bashi mai tsada, ko sana'ar da ke juya kuɗi, can ya kamata ya kai rarar.

Kalmar "tsayayye" ita ce abin dubawa a takardar tayin rance. Yawancin na bankunan kasuwanci akwai sakin layi ɗaya a ciki, galibi can ƙasa, da ke cewa banki na da ikon sauya ruwa gwargwadon yanayin kasuwa. Idan aka ɗaga kashi 24 zuwa 27 tun farkon tafiya a rancen shekara 10, biyan wata ya koma wajen naira 241,700, ƙarin dubu 21 da ba ka tsara ba. Ba sai an nemi yardarka ba, sanarwa kawai za a aiko maka.

Akwai kuma wata dabarar da ƙungiyoyin adashin ma'aikata da masu gina rukunin gidaje ke yawan amfani da ita: lissafa ruwa a kan uwar kuɗi ta asali har ƙarshe, ba a kan abin da ya rage ba. A ce maka kashi 15 na shekara 5. Idan a kan ragowa ake lissafi, miliyan 10 za ta zama miliyan 14 da dubu 270. Idan a kan asali ne, miliyan 1 da rabi sau 5, jimilla miliyan 17 da rabi, wanda a zahiri daidai yake da ruwan kusan kashi 25. Suna ɗaya, bambancin fiye da miliyan 3. Tambaya ɗaya ke raba gardama: a kan wane adadi ake lissafin?

Shekarun mai nema su ma kuɗi ne. Ana yanke wa'adi ne daidai da lokacin ritaya, shekara 60 da haihuwa ko 35 a bakin aiki, kuma ba a yarda biyan wata ya wuce kashi ɗaya cikin uku na abin da mutum ke samu. Ɗan shekara 30 zai iya samun cikakken wa'adi da albashin kusan naira 180,000. Ɗan shekara 45 shekara 15 ta rage masa, biyansa ya zama 84,386, ana neman albashin sama da 253,000. Jimillarsa ta fi sauƙi, miliyan 15 da dubu 190, amma nauyin wata ya fi.

Duk wannan lissafin banki ne. Kafin a miƙa maka makulli akwai kuɗin da ba sa cikin jadawali, kuma ba a ranta maka su, daga aljihu suke fita. Na farko kafin alƙalami: a NHF kashi 10 ne ga rancen da ya haura miliyan 5, bankunan kasuwanci kuwa kan nemi kashi 20 zuwa 30. Sai la'adar dillali. Sai binciken takarda a KADGIS, hukumar da ke riƙe da bayanan filaye a Jihar Kaduna, don a tabbatar sunan mai sayarwa ne a kan takardar mallaka, ba a jinginar da ita wani wuri ba, kuma babu tarin harajin fili a kanta. Wannan tarin yana da muhimmanci, domin sai an biya shi kafin fayil ya motsa, kuma idan ba a yi magana tun wajen ciniki ba, mai saye ne ke kwana ciki. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ce ba a sayarwa ko jinginar da fili mai takarda sai da amincewar gwamna, saboda haka sau biyu za a bi layin: sau ɗaya don mayar da gidan sunanka, sau ɗaya don rajistar jinginar banki, kowanne da kuɗinsa da harajin hatiminsa. Ga lauya, ga mai ƙiyasta darajar gida, ga kuɗin gudanarwa na banki wanda ƙa'idar Babban Banki ta taƙaita a kashi 1. Shawarata mutum ya ware aƙalla kashi 10 na farashin gidan don waɗannan, ban da kafin alƙalami.

Mai ƙiyasi yana iya ɓata lissafi. Kun yi ciniki a miliyan 12, shi ya ce gidan miliyan 10 ne. Banki a kan 10 zai ba da rance, cikon naka ne. Haka idan gidan ba shi da izinin gini na KASUPDA, hukumar tsara birane ta Jihar Kaduna, ko takardarsa ta mai unguwa ce kawai kamar yadda ake samu a wasu sassan Rigasa da sababbin unguwannin bayan gari, banki ba zai karɓe shi jingina ba, kuɗin bincike da na ƙiyasi kuma sun tafi. Jinkiri ma yana da farashi. Rancen NHF yakan ɗauki watanni kafin ya fito, mai gida ba zai zauna jira a tsohon farashi ba, kai kuma hayarka tana ƙarewa.

Bayan shiga gida akwai inshora biyu da ake sabuntawa: ta gobara, da ta rai wadda ke biyan ragowar bashi idan mai rance ya rasu. Ta biyun nan kada a yi wasa da ita, ita ce ke hana a fitar da marayu. Gidan da ke kusa da Kogin Kaduna, irin su wajen Kigo Road, a duba ko takardar inshorar ta ambaci ambaliya ƙarara. Sannan gyara ya dawo wuyanka: rufin da ya fara yoyo a Agusta, famfon rijiyar burtsatse, kwashe masai, fenti. Gidajen rukuni da yawa ana miƙa su ne ba katanga, ba ƙarfen taga, ba mita.

Tun 2022 hukumar fansho, PenCom, ta yarda wanda ya yi wata 60 yana zuba fansho ya ɗebi har kashi 25 na asusunsa ya biya kafin alƙalami. Yana buɗe ƙofa, amma kuɗin da aka cire da ribar da zai tara har ritaya sun fita daga abincin tsufa. A sa su cikin farashin gidan.

Da yawa daga masu karanta wannan ba za su taɓa rance mai ruwa ba saboda riba haramun ce, hukuncin kuma na malamai ne. Gare su akwai bankunan Musulunci: Jaiz ya fara aiki a 2012 da rassa a Abuja da Kano da Kaduna, daga baya TAJ da Lotus suka biyo. A murabaha banki ne ke sayen gidan ya sayar maka da riba sananna, farashin ba ya ƙaruwa ko kasuwa ta juya. Sai dai idan ka biya da wuri, rangwame ganin damar banki ne. A ijara haya kake biya tare da sayen kason banki kaɗan-kaɗan, kuma yarjejeniyar na iya ba da damar sake duba hayar lokaci-lokaci. Halacci daban, araha daban: jimillar tana iya kusantar ta sauran bankuna, don haka nan ma a nemi jadawali, a tambayi wa ke biyan takaful, wato inshorar Musulunci, da manyan gyare-gyare.

Idan biya ya tsaya, ƙa'idar Babban Banki ta yarda a ɗora tarar da ta kai kashi 1 a wata kan abin da aka kasa biya, ban da ruwan da ke gudu. Ma'aikacin da ake cirewa daga albashi ya riƙa karɓar bayanin asusun rancensa duk wata uku, domin ana iya cirewa a takardar albashi kuɗin bai isa banki a kan lokaci ba, kuma sunansa tarar za ta hau. In abin ya kai ga gwanjo, banki zai cire bashinsa da kuɗin shari'a ya ba ka saura. Idan kuɗin gwanjon bai kai ba, ana bin ka ciko bayan gidan ya tafi. Shi ya sa wanda ya ga alamar gazawa gara ya je a sake tsara biyan, ko ya sayar da kansa a farashin kasuwa da izinin banki.

Ranar da aka biya watan ƙarshe ma da sauran aiki. Sai banki ya rubuta takardar sakin jingina, a kai ta KADGIS a yi mata rajista, a karɓo asalin takardar mallaka. Wannan ma da kuɗinsa, kuma muddin ba a yi ba, duk wanda ya je bincike zai ga gidan yana hannun banki.