Daga Warso zuwa Lodz, a sawun marubutan fim

Da sassafe na kama jirgin ƙasa daga Warso, babban birnin Poland, sanyi kamar zai tsinke kunne. Ba mu cika awa biyu ba muka sauka a tashar Fabryczna. A rubuce garin Lodz ne, a bakin mutanensa kuwa "Wuj" za ka ji.

Garin masaƙu ne, duk inda ka waiga jan bulo ne da dogayen bututun hayaƙi. Da yaƙin duniya na biyu ya mayar da Warso kufai, sai harkar fim ta tare a nan. A 1948 aka buɗe makarantar fim da ke titin Targowa, inda daraktocin fim Andrzej Wajda da Krzysztof Kieslowski suka yi karatu. Na zauna a matattakalar da ɗalibai ke zama suna musu, na daɗe ban tashi ba.

Rubutun fim ne sana'ata, shi ya kawo ni. A zamanin gurguzu gwamnati ce mai kuɗin, ita ce mai kyamara, ita ce mai gidan silima. Daga 1955 aka raba masu fim rukuni-rukuni, kowane rukuni da shugabansa na adabi. A rukunin Kadr, marubuci Tadeusz Konwicki ya riƙe wannan kujera. Amma kafin a ɗauki hoto ko ɗaya, sai rubutun ya tsallake kwamitin tantancewa. Labarin magini da Aleksander Scibor-Rylski ya rubuta a farkon shekarun 1960 ya fi shekara 10 a ajiye, sai a 1977 jama'a suka kalli fim ɗin da aka yi da shi, "Mutumin Marmara".

A gidan tarihin silima, tsohon gidan attajiri Scheibler, wata dattijuwa mai kula da ɗaki ta ga ina ta rubutu. Na ce, "Baba, ta yaya marubuta suka faɗi gaskiya alhali ana karanta musu kowane layi?" Wani ɗalibi ya yi mana tafinta. Ta ce in tuna ƙarshen fim ɗin "Kanal" na 1957.

Na san wurin sarai. Jerzy Stawinski, wanda ya rubuta shi, da ƙafarsa ya bi magudanan ƙazantar Warso a boren da mutanen birnin suka yi wa sojojin Jamus 'yan mamaya a 1944. A fim ɗin, mace da namiji sun kai bakin rami, ƙarfuna sun tare musu fita, ga kogin Vistula, ga ɗaya gaɓar can nesa. Ba wanda ya ambaci sojojin Sobiyet da suka tsaya a ƙetaren suka zuba ido ana murƙushe boren. Mai tace fim bai sami kalmar da zai soke ba, 'yan kallo kuwa sun san abin da ake nufi. Wannan wayo ya burge ni, ya kuma ba ni tausayi ƙwarai.

Da yamma na bi titin Piotrkowska, ina taka taurarin 'yan fim da aka dasa a ƙasa, ina duba sunayen ɗaya bayan ɗaya har fitilu suka kama. Jirgin ƙarfe takwas na bi na koma.