Saura wata guda in miƙa mukulli

Na sayar da shagon takalmana. An rubuta takarda, shaidu sun sa hannu, saura wata guda in miƙa mukulli ga babban yaron shagon, wanda a gabana ya koyi riƙe basilla. Ciniki ya yi albarka. Abin da ke hana ni barci shi ne bayan sallar Asuba, ina ƙafata za ta nufa?

A wajen kawuna na koyi dukanci, kusa da Kasuwar Kurmi. Na daɗe ban taɓa wuƙa ba, sai shafa gam da share ɓarɓashin fata. Shi ya koya mini gane fata da hanci kafin ido: wadda aka jeme da bagaruwa tana da ƙamshinta, ka lanƙwasa ta koma ba tsaga. Fatar jar akuyar Sakkwato muke nema, wadda Turawa suka riƙa kira fatar Maroko saboda ta can ayari ke fitar da ita. Har yau ita muke yanka, kuma ɗinkin hannu muke bi a kan gam, shi ya sa takalminmu ke cin damina bai buɗe baki ba.

Amma sai mutum ya shigo da na roba ɗan China da aka yi wa zanen fata, ya ce ai ga irinsa a rabin kuɗi. Irinsa! Bayan Sallah da mako biyu ya dawo da shi gyara. Wannan taƙaddamar kaɗai ce ba zan yi kewa ba.

Na fara koya wa zuciyata. Ranar Alhamis ba na zuwa. Ta farko, kafin hantsi na zagaya tsakar gida har uwargida ta ce, "Malam, ko dai ka tafi, ko ka zauna ka sha kokonka." Mafi wuya shi ne kame baki. Shekaranjiya na ga yaron ya yanka samfurin da ni ba haka zan yanka ba, na haɗiye magana. Da aka haɗa, ya fi nawa zama a ƙafa, na ji daɗi, na kuma ji wani abu ya tokare ni.

Masu sayen kayanmu, hannun da ya saba yi muku ne zai ci gaba. Basillar kawu dai na cire ta daga lissafi, tana aljihuna.