Tarihin Rayuwata, Kashi na 17: Bel ɗin Motar Yaya Babba

A makon jiya na tsaya a kan rasuwar Kawu, Allah Ya jiƙansa, kuma na yi alkawarin cewa yau zan shiga labarin yadda na buɗe garejin kaina. Sai dai ranar Talata an kawo mini wata mota a kan janwe daga wajen Kware, taimin bel ɗinta, wato bel ɗin da ke daidaita juyin sassan inji, ya tsinke, mai ita yana tsaye yana rantsuwa cewa jiya-jiya lafiyarta ƙalau. Tun da na ji wannan rantsuwa zuciyata ta koma kan motar Yaya Babba, kuma na san ba zan iya rubuta wani abu ba sai na sauke wannan magana, wadda na daɗe ina haɗiyewa saboda zumunci.

Na shiga hannun Kawu a 1986, shekara biyu kafin rasuwar Sarkin Musulmi Abubakar na III. A lokacin, in ka ce mota a Sakkwato to Fijo 504 kake nufi, wadda ake haɗawa a Kaduna tun 1975, kuma ita ce motar ma'aikata da 'yan kasuwa da direbobin tasha masu zuwa Gusau da Illela. Injinta sarƙa yake da ita a madadin taimin bel, 'yar gajeruwa, a rufe cikin murfi tana wanka da baƙin mai. Idan ta tsufa ta saki, da sanyin safiyar hunturu za ka ji tana kaɗawa cakar-cakar kafin mai ya hau, kuma takan yi watanni tana wannan ƙara mai motar yana ta harkokinsa. Saboda haka da motoci masu bel suka fara shigowa daga Kwatano, Kawu ya ɗauki wani tsohon bel ya lanƙwasa shi a gabanmu, ya ce da harshensa na Sakkwatanci: "Sarƙa na kuka kamin ta mutu, bel kau mutuwar huju'a shika yi." Mu yara muka yi dariya. Ni ban san cewa maganar za ta bi ni har cikin gidanmu ba.

Yadda Kawu ya koya mana abin shi ne, a ƙasan inji akwai karanshaf mai tura fistin sama da ƙasa, a wani wurin kuma akwai kamshaf mai buɗe bawul da rufe su, kuma dole duk juyi biyu na karanshaf ya zo daidai da juyi ɗaya na kamshaf, babu ƙari babu ragi. Sarƙa ko bel shi ne ke riƙe wannan alkawari. A injuna da yawa fistin da bawul wuri ɗaya suke shiga, kowa da lokacinsa, kamar kishiyoyi masu madafi ɗaya, kowace da ranar girkinta. Ranar da bel ya tsinke kamshaf ya tsaya cak da wasu bawul a buɗe, karanshaf kuwa yana ci gaba da juyawa da ƙarfin gudun mota, sai fistin ya hau ya same su a hanya ya lanƙwasa su. Ba kowane inji ne haka ba. Na sha sauya tsinkakken bel a Camry mai inji 2.2, a ɗaura sabo a bakin hanya ta tashi kamar ba a yi komai ba, domin ita an bar tazara tsakanin fistin da bawul. Amma Honda ba ta da wannan sassauci.

Shi bel roba ne mai haƙora, da zare mai ƙarfi a cikinsa, kuma abokan gabansa uku ne da muke da su a wadace: zafi, da shekaru, da baƙin mai idan sil ya fara yoyo a kansa. Yana ɓoye a bayan murfi, ba kamar fanbel ba da kowa ke gani in an ɗaga bonet, kuma yana iya kasancewa sumul a ido alhali zaren cikinsa ya gaji. Don haka babu hanyar kula da shi sai lissafi, wato kilomita nawa ya yi, shekara nawa ya yi. Mutanenmu kuwa ba sa son biyan kuɗin gyaran abin da bai lalace ba, kuma duk bakaniken da ya ce a sauya abu mai aiki, sunansa macuci har ranar da abin ya tsinke.

Yaya Babba ya sayi Honda Accord ƙirar 1999, wadda ake ce wa Baby Boy, a damanar 2006, 'yan watanni kafin hatsarin jirgin da ya yi sanadin rasuwar Sarkin Musulmi Maccido. Duk wanda ya san gidanmu ya san matsayin Yaya, ɗan Baffa ne na fari, a hannunsa aka bar mu, kuma ko Inna ba ta kiran sunansa. Ya kawo mini motar don in zuba mata mai kawai. Na duba mita na ga 98,000, na kuma lura cewa motar ta Amurka ce, mil take ƙirgawa, wanda ya kama kusan kilomita 158,000, wannan ma idan ba a juya lambar ba kafin ta iso hannunsa. Allah Ya sa littafinta yana cikin aljihun gaba, na kai wa wani malamin makaranta maƙwabcinmu a Mabera ya karanta mini. Littafin ya ce a sauya bel a mil 105,000 ko shekara 7, duk wanda ya riga zuwa, amma in ana yawan tuƙa motar a wurin da zafi ke wuce digiri 43, a sauya tun a mil 60,000. Malamin ya ɗago kai ya ce, ai wannan da Sakkwato suke a watan Afrilu. Ta fuskar shekaru motar ta cika, ta fuskar zafi kuwa ta daɗe da wucewa.

Na sami Yaya a ƙofar gida bayan la'asar, na durƙusa na gaishe shi, na ce, "Yaya, motar nan tana son taimin bel, kuma ina ganin a haɗa da famfon ruwa da ajasta mai ɗame bel da ƙaramin bel ɗin da ke gefensa, tun da buɗewa ɗaya ce." Ya ce, "Kai, motar da ko dubu ɗari ba ta cika ba? Wane ƙara ka ji tana yi?" Na ce ba ta ƙara, na yi masa bayanin mil da kilomita, har na kawo masa maganar Kawu. Ya yi murmushi ya ce, "Kawunka ma da sarƙa ya ci abinci, kai kuma ka ga bel." Bayan kwana uku, da Inna ta sa baki, ya aiko yaro da kuɗin bel guda biyu, babba da ƙarami, tare da saƙon cewa famfo da ajasta lafiyarsu ƙalau, kada in taɓa su.

Aikin nan ina iya tuna shi kamar yau na yi. Na tallafe injin da jak, na cire ƙafar gefen direba da mazaunin inji, muka sha fama da kusar fulin karanshaf, wadda duk wanda ya taɓa Honda ya san taurinta, sai da muka ƙara wa sifana dogon bututu yara biyu suka hau. Injin wannan Honda hagu yake juyawa, saɓanin yawancin motoci, kuma na ga bakanike fiye da ɗaya ya rikice a nan. Na kawo fistin na ɗaya sama, na daidaita fulin kamshaf har rubutun UP ya kalli sama, layukansa biyu suka yi daidai da bakin tof silinda, sannan na daidaita alamar ƙasa. Da na zare tsohon bel na lanƙwasa shi baya, sai ga tsaga ƙanana a gindin kowane haƙori, na aje shi don in nuna wa Yaya. Bayan na ɗaura sababbin na juya injin da hannu sau biyu cikakku, na sake duba alamomin, domin haƙori ɗaya in ya kauce mota za ta rasa ƙarfi ta riƙa shan mai, in sun yi yawa kuwa bawul ne za su biya.

Amma kafin in ɗaura, na kama fulin famfon ruwa na girgiza shi, kuma na ji ya ɗan motsa. Ba motsi mai yawa ba ne, amma hannun da ya shekara 20 yana aiki ba ya kuskuren irin wannan. Na leƙa ƙasansa na ga sawun tsatsa ya zubo daga ƙaramin ramin da ke nuna cewa sil ɗin ciki ya fara sakin ruwa. A wannan inji taimin bel ne ke juya famfon ruwa, saboda haka ranar da boris ɗin famfo ya cije, bel ɗin ne zai mutu, komai sabuntarsa. Na san wannan sarai. Na tsaya da sifana a hannu ina tunanin in koma wa Yaya, sai na tuna murmushin nan da maganar cewa na ga bel, kunya da zuciya suka haɗu suka rufe mini baki. Kuɗin famfo a lokacin bai fi ƙarfina ba, da na saya da kuɗina na ɗaura ba tare da ya sani ba da an wuce wurin, amma na ce a raina tun da ya ce kada in taɓa, ba zan taɓa ba. Na rufe murfi a kan sabon bel da tsohon famfo.

Motar ta yi wata takwas ko tara lafiya, ana ta zuba mata ruwan rijiya a lagireto kamar yadda kowa ke yi, wanda shi ma yana cin famfo. A bazarar 2007 aka tashi ɗaurin auren ƙanwar matarsa a Jega, Yaya ya ɗauki Baffa da dattawa biyu, aka bi ta Boɗinga. Bayan sun wuce Shagari, kafin su kai Tambuwal, da tsakar rana, injin ya mutu a kan gudu. Yaya ya yi ta murɗa makulli, kik yana juyawa fayau babu nauyi, wanda shi ne alamar da ke gaya wa bakanike cewa iska ba ta matsuwa a cikin silinda, kuma kowane murɗi yana iya ƙara ɓarna. Baffa, da shekarunsa, ya zauna a gindin bishiya fiye da awa biyu kafin a samu motar da ta ƙarasa da su, kuma sun tarar an shafa fatiha.

Kafin motar ta iso Sakkwato labari ya riga ta: wai ni na matsa aka cire bel ɗin Turawa mai kyau, na ɗaura jabu na ci riba. Yaya bai kawo mini ita ba, ya kai wa wani bakanike, wanda ba zan faɗi ko unguwarsa ba, shi kuma ya ga kasuwa ta buɗe ya ce lalle aikin baya ne bai yi kyau ba. Na je garejin da kaina ba a gayyace ni ba. Bel ɗin bai ma tsinke ba, haƙoransa ne suka zube wuri ɗaya kamar an aske su, famfon ruwa kuwa ya cije ko da hannu biyu ba ya juyawa. Bawul takwas daga cikin 16 sun lanƙwashe, sai da aka sauke tof silinda aka sayi bawul da gasket, aka yi ta niƙa su, ga famfo da ajasta da wani sabon bel, kuɗin da ya ninka abin da na nema tun farko sau da yawa. Na roƙi yaron garejin ya ba ni mataccen famfon, na kai gida na aje a gaban Inna. Ta dube shi ta ce, "Ɗan nan, ni me na sani a ƙarfe? Yayanka ne, ka ba shi haƙuri." Na ba shi haƙuri a gaban Baffa, a kan laifin da aka ɗora mini, ban kuma faɗi laifin da na san na yi ba.

Abin da ya fi ci mini rai ya zo ne daga baya. Masu ƙera motoci sun koma wa sarƙa a injuna da yawa, kamar Camry mai inji 2.4 daga 2002 da Accord mai silinda huɗu daga 2003, kuma Yaya ya sayi irin wannan Accord ɗin. A wajen wani suna ya ce, yana kallona, yanzu ya huta da masu cin abinci da bel. Sarƙar nan kuwa doguwa ce, tana da ajasta mai aiki da ƙarfin baƙin mai da 'yan sandunan roba da take bi a kai, kuma mai motar da ke barin mai ya yi baƙi ƙirin ko ya yi ƙasa, shi ne ke sa ta miƙe ta saki. Na ji motar tasa tana kaɗawa da safe a ƙofar gida wajen shekara uku bayan haka, irin kukan da Kawu ya ce sarƙa tana yi kafin ta mutu. A wannan karon na faɗa masa, a gaban mutane, sau ɗaya. Ya kai ta wani wuri aka gyara, bai ce mini komai ba, ni ma ban tambaya ba.

Tun daga 2007 ban sake ɗaura bel a kan famfon da hannuna ya ji yana motsi ba, ko na wane ne. In mai mota ya ƙi, nakan mayar masa da makullinsa ya kai wani gareji, kuma na rasa abokan ciniki da dama ta haka. Idan na gama aiki nakan rubuta kwanan wata da lambar mita da farin fenti a kan murfin bel, in kuma rubuta a littafina. Mutumin Kware na ranar Talata, da muka buɗe tasa, babu rubutun kowa a murfin, kuma shi kansa bai san ko an taɓa sauya bel ɗin ba tun da motar ta shigo ƙasar nan. Yaya Babba yanzu ya tsufa, ba ya tuƙi, 'ya'yansa kuwa ni suke kawo wa motocinsu, kuma babban cikinsu ya taɓa tambayata ko mene ne wannan tsohon famfo mai tsatsa da ke rataye a ƙusa a bayan teburina. Na ce masa na wata mota ce da na taɓa gyarawa.

In Allah Ya kai mu mako mai zuwa zan koma kan buɗe garejin, da rigimar filin da ta biyo baya.