Lissafin kaso a wajen haɗa abincin kaji

Da abincin kaji na buhu ya yi tsada, sai na koma haɗa wa kajina masu ƙwai da kaina. A nan ne lissafin gauraya da aka koya mana a sakandare ya yi mini rana.

Masara tana da furotin wajen kashi 9 cikin ɗari, garin waken soya da aka tatse mansa kuma wajen kashi 44. Kaza mai ƙwai tana buƙatar kusan kashi 16. To, a kilo 100, nawa zan zuba na kowanne?

Abin da ya warware mini shi ne na daina kallon kaso, na koma ƙirga furotin ɗin kansa a kilo. Kaso ba a tara shi kamar kuɗi. Abin da ke cikin hatsin ake tarawa. Na sa wa masara x, soya ta zama 100 − x. Sai na rubuta:

0.09x + 0.44(100 − x) = 16

Da na buɗe baka, 0.35x ya zama 28, x ya fito 80. Masara kilo 80 ke nan, soya kilo 20. Kullum nakan koma in gwada: masarar ta ba da kilo 7.2, soyar 8.8, jimla 16 daidai. Kuma dole kason da ake nema ya faɗo tsakanin 9 da 44, don abu biyu ba sa haifar da abin da ya fi mai ƙarfin cikinsu.

Inda ya fi buƙatar natsuwa shi ne wajen ƙarin da ba shi da furotin. Kaza mai ƙwai sai da garin dutsen farar ƙasa, in ba haka ba ɓawon ƙwanta ya yi laushi. Idan ka zuba kilo 10 na wannan gari a kan haɗin nan, furotin yana nan kilo 16 ɗinsa, amma nauyi ya koma 110, kaso ya sauka zuwa 14.5. Ido ba zai gane ba, kajin ne za su nuna maka a tiren ƙwai. Shi ya sa nake sa shi cikin lissafi tun farko da furotin sifili, in nemi kilo 17.6 na furotin, wato kashi 16 cikin ɗari na kilo 110. Sai masara ta koma wajen 75, soya 25.

Na kuma ajiye mudu na sayi sikeli, domin kason nan na nauyi ne, mudun masara da na garin soya kuwa nauyinsu ba ɗaya ba. Wanda zai yi amfani da waken soya mai mansa, sai ya gasa shi tukuna, kuma ya rage 44 ɗin nan a lissafinsa, don furotin ɗinsa bai kai haka ba.