Abin da tafkin orka ya koya wa mai kula da dabba

Ƙannena da za ku ci gaba da aikin kula da dabbobi a Maradi bayan mun sauka, na san teku ta yi mana nisa, babban ruwan da yawancinmu suka sani shi ne tafkin Madarumfa. Duk da haka, cikin abin da na karanta a kan dabbar da ke tsare a hannun mutum, babu inda kuskuren sana'armu ya fito fili kamar a tarihin orka da dolfin da ake ajiyewa a gidajen kallo na Amurka da Turai. Su biyun ba kifi ba ne. Kamar ayu na kogin Isa suke, da huhu suke numfashi, haihuwa suke yi, su shayar da nono. Orka ce babba a dangin dolfin, namijinta yakan haura tan 5, kuma a teku yakan yi tafiyar kilomita 160 a yini guda.

Labarin da ya fi tsaya mini a rai shi ne na wani namijin orka da ake kira Tilikum. A watan Nuwamba 1983 aka kama shi a gaɓar Aisland yana ɗan shekara biyu, aka raba shi da uwarsa, alhali a wasu zuri'o'in orka ɗa namiji ba ya barin uwa har ɗayansu ya mutu. Aka kai shi wani gidan kallo mai suna Sealand a yammacin Kanada. Da dare, don tsoron kada wani ya yanke ragar ya sake su, sai a kora shi tare da manyan mata biyu cikin wani akwatin ƙarfe mai faɗin kimanin mita 6 da tsawon mita 9, a rufe su cikin duhu har awa 14. A wajen orka mace ce ke da iko, kuma idan rikici ya tashi a teku wanda aka fi ƙarfi yakan ja da baya ya nutse, shi ke nan faɗa ya mutu. A cikin akwati babu inda zai ja. Da safe sai a same shi da kartar haƙora a jiki, layi-layi, yana zubar da jini.

Sai kuma hanyar horon, wadda a ganina ita ce tushen ɓarnar. Tsofaffin ma'aikatan wurin sun faɗa da bakinsu cewa akan haɗa shi da wanda ya riga ya iya wasa, idan shi sabon ya kuskure sai a hana su duka biyun kifi. Duk wanda ya taɓa kiwo ya san abin da zai biyo baya. Babban da ya yi aikinsa daidai kuma aka hana shi ladarsa ba zai huce a kan mai horo ba, a kan ƙaramin zai huce. Horo da yunwa yana kawo biyayya da wuri, shi ya sa shugabanni suke son sa, domin cikin ƴan makonni an samu dabbar da za a nuna wa masu sayen tikiti. Abin da yake shukawa a cikin dabbar sai bayan shekaru yake tsirowa, kuma galibi ba a kan wanda ya shuka shi ba. Ka'idar da ta inganta ita ce a auna abincin yini tun da safe, a tabbatar dabbar ta cinye shi kaf ko ta yi wasa ko ba ta yi ba. Idan ta kuskure, a dakata sakan biyu ko uku ba tare da ce mata komai ba, sannan a nemi wani abu mai sauƙi da ta iya, a ba ta lada.

A Fabrairu 1991 wata matashiyar ma'aikaciya ta zame ta faɗa ruwan Sealand, orkokin uku suka yi ta nutsar da ita har ta rasu. Aka sayar da Tilikum ga kamfanin gidajen kallo na SeaWorld, reshen Orlando a Amurka, a 1992, aka mai da shi bijimin barbara, ya haifi ƴaƴa 21. A 1999 aka tsinci gawar wani mutum kwance a gadon bayansa da safe. Ranar 24 ga Fabrairu 2010 Tilikum ya ja Dawn Brancheau cikin ruwa, mai shekara 40, ɗaya daga cikin ƙwararrun masu horo na gidan, ya kashe ta.

Abin da ya faru bayan rasuwarta shi ne har yau nake jin ɗacinsa. Da farko aka ce zamewa ta yi. Da shaidu suka musanta, aka koma cewa gashinta da ta ɗaure ta baya ne ya kama, har wasu suka fito suna cewa kuskurenta ne. Matar da ta fi kowa kiyaye doka, wadda ba ta da bakin kare kanta, ita aka fara ɗora wa laifi. Alhali takardun kamfanin da aka kai gaban alƙali sun ƙunshi rahoto kusan 100 na hatsari tsakanin orka da masu horo daga 1988 zuwa 2009, kuma wata biyu cif kafin mutuwarta wata orkar kamfanin da aka ba da aro ga gidan Loro Parque a Sifen ta kashe mai horonta. Hukumar kare lafiyar ma'aikata ta Amurka ta ci kamfanin tarar dalar Amurka 75,000, alƙali ya rage ta zuwa 12,000 a 2012, amma ya tabbatar da cewa dole a sa shinge ko tazara tsakanin mutum da orka lokacin wasa. Saboda haka ku riƙa rubuta duk abin da kuka gani a rajista, da kwanan wata da awa, ku sa hannu, ku ajiye kwafi a gida. Ranar da abu ya ɓaci, shef ba zai tuna kun gaya masa da baki ba.

Alamun kuwa suna nan a bakin dabbar tun da daɗewa. Kun san dokin da ya daɗe a turke, yadda yake cizon itace yana kaɗa kai dama da hagu, ko kurar gardawa da ke zagaye wuri ɗaya har ta yi hanya a ƙasa. Orka ma haka take yi, tana gurgurar bakin siminti tana cizon sandunan ƙofa. Wani bincike da aka buga a 2017 a kan orka 29 ya samu dukkansu da lalacewar haƙori, kuma fiye da kashi 60 cikin 100 an riga an huda musu haƙora. Ga yadda abin yake: haƙori ya cinye har ɓargonsa ya fito, sai a sa ƙaramin injin huda a kwashe ɓargon don kada ya yi ƙurji. Ba a cike ramin, a buɗe ake barin sa. Daga ranar, kullum sai dabbar ta ɗora haɓarta a bakin tafki ta buɗe baki, ma'aikaci ya sa siririn bututu ya wanke kowane rami da ruwan magani, ya fitar da guntun kifin da ya maƙale, har iyakar rayuwarta. Idan aka yi sake, ƙwayoyin cuta su bi ramin su shiga jini. An riƙa nuna wa ƴan kallo wannan wanki a matsayin shaidar kulawa ta musamman, alhali magani ne na ciwon da tafkin da kansa ya jawo.

Tozon bayan namijin orka, wato fiffiken da ke tsaye a bayansa, wanda kan kai mita 1.8 kuma babu ƙashi a cikinsa, yana lanƙwashewa a duk manyan mazan da ke tsare, ana jin dalili shi ne tafki mai zurfin mita 11 ba ya ba su matsin ruwan da ke riƙe shi a tsaye, yawancin yini a saman ruwa suke. Wannan shawagin ne kuma ya ba sauro dama. Orka biyu sun mutu da cutar da sauro ke ɗauka, Kanduke a 1990 da Taku a 2007.

Ɗakin kifi shi ne inda ƙaramin sakaci ke kisa a ɓoye, kuma wannan darasi ya shafi duk mai ciyar da dabba da daskararren abinci a garin da wuta ke ɗaukewa. A ajiye kifi a sanyin digiri 18 ƙasa da sifili ko fiye. A narkar da shi cikin firigo a wajen digiri 4, kada a jiƙa shi cikin ruwa, domin ruwa yana wanke sinadaran jikinsa, kuma a ciyar cikin awa 24. Wanda ya narke ba ya komawa ƙanƙara. Wasu kifaye suna da sinadarin da ke cinye bitamin B1 tun suna ajiye, don haka ake cusa ƙwaya a cikin kifin, miligiram 25 zuwa 30 a kowane kilo, tare da bitamin E. Rashinsa yana kawo karkarwa da farfaɗiya. Dolfin ba ya shan ruwan gishiri don ƙishi, daga kifi yake samun ruwansa, daskararren kifi kuwa ya riga ya bushe, shi ya sa ake ƙara masa ƙanƙara da jelatin. Dabbar daji tana ɓoye ciwo, ranar da ta ƙi abinci cutar ta riga ta yi nisa, don haka a auna nauyi kowane mako a kuma ɗebi jini a kan kari.

Kada a ajiye dabbar garke ita kaɗai: wata orka mai suna Lolita ta zauna a gidan kallo na Miyami a Amurka daga 1970 har ta mutu a 2023, kuma tun 1980 ba ta sake ganin wata orka ba. Saki ma ba buɗe ƙofa ba ne kawai, wani namijin orka mai suna Keiko da aka mayar teku a 2002 ya ci gaba da neman mutane har ya mutu a Norwe a 2003.

Kafin a karɓi kowace dabba, ko jimina ce ko biri ko kada, a tambayi mai kuɗin wa zai ciyar da ita ranar da aka daina sayar da tikiti, a sa shi ya rubuta. SeaWorld ta daina barbarar orka a 2016, Kanada ta yi dokar hana tsare orka da dolfin a 2019, Faransa a 2021. Da aka rufe gidan Marineland na Antib a Faransa a Janairu 2025, orka biyu, Wikie da ɗanta Keijo, suka rage a tsofaffin tafkunan, ma'aikata suna kai musu kifi suna tace ruwa ba tare da ɗan kallo ko ɗaya ba.