Sana'ar kai baƙi kallo a shekarar da ba a yi hawa ba

Kamfaninmu ƙarami ne: ofis ɗaya a Kano, bas biyu, da samari masu zagayawa da baƙi. Mukan ɗauko baƙo daga filin jirgin Malam Aminu Kano, mu kai shi Gidan Makama da kasuwar Kurmi da marinar Ƙofar Mata, ya hau Dutsen Dala idan gwiwarsa za ta ɗauka. Amma cinikin da ke riƙe mu a kwanakin Sallah yake, musamman Hawan Daushe, ranar da hakimai ke zuwa jahi a Ƙofar Kudu. Wata uku kafin nan otal ya karɓi kafin alƙalami, mun kama wa baƙi wurin zama.

To, wannan kaya ba a hannunmu yake ba. A watan Mayun 2024 aka soke dokar masarautu ta 2019, aka mayar da Sarki Muhammadu Sanusi II, Sarki Aminu Ado Bayero da aka cire kuma ya tare a gidan sarki na Nasarawa, magana ta tafi kotu. Da Babbar Sallah ta zo, aka hana hawa saboda tsaro. A Disambar shekarar UNESCO, hukumar raya al'adu ta Majalisar Ɗinkin Duniya, ta sa hawan Kano cikin al'adun gado na duniya, masu tambaya suka ƙaru, sai ga shi a Ƙaramar Sallar 2025 ma ba a hau ba.

A nan ake gane mai kamfani. Wanda ya ce wa baƙo "an fasa, ga kuɗinka", ko da zai ci bashi ya cika, shi ake sake nema. Wanda ya kashe wayarsa, labarinsa ya riga shi isa Legas da Abuja.

Sai kame baki, wanda a ganina ya fi komai wuya a Kano. Na hana yarana tsoma baki a rigimar sarauta, ko a bas ko a Facebook, domin kowane ɓangare muna da wanda muke nema a cikinsa: dogarin da zai buɗe mana hanya, mai doki, jami'in da zai sa hannu a takarda. Baƙo kuwa sai ya tambaya. Amsar da na koya musu ita ce, "Yallaɓai, maganar tana kotu."

Yanzu duk wanda ya biya kuɗin kallon hawa, muna rubuta masa a takardar yarjejeniya cewa idan an soke, ya zaɓa: ko hawan Katsina, ko na Zazzau, ko kuɗinsa.