Rayuwata a Bayan Kyamara: Kashi na 7

A makon jiya mun tsaya a daren da muka kammala fim ɗin ban tsoro, wanda ya ci mana kwana 19, kusan duk a cikin duhu. Ko mako biyu ban huta ba sai ga kira, ana nemana a wani fim na barkwanci. Nan take na amsa. A ganina wanda ya iya tsinka wa mutane zuciya da inuwa, ai dariya ba za ta gagare shi ba.

Ranar farko na kafa fitila yadda hannuna ya saba: babba guda daga gefe, rabin fuska a haske, rabi a duhu. Na ɗaura wa kyamara gilashi mai milimita 85, na matso har ana ganin gumin goshin jarumin. Labarin wurin kuwa, mutum ne yake gudun mai bin sa bashi, ya shige ƙarƙashin tebur, ƙafafunsa duk a waje suna rawa. Ya yi abinsa, kowa a wurin har da riƙe ciki. Muka koma gaban allo muka kalla. Tsit. Ƙafafun da su ne abin dariyar, na yanke su. Abin da ya rage idanu biyu ne a cikin duhu, kai ka ce yanka shi za a yi.

Daraktan, wani dattijo mai sanyin magana, ya dafa kafaɗata.

"Ɗana, wa ya mutu?"

"Ba kowa, Yallaɓai."

"To kunna mana fitila mu ga juna."

Kunya ta rufe ni. Na sauya gilashi zuwa milimita 24, na ja baya, na kafe kyamara a kan ƙafafunta, ban ƙara taɓa ta ba. Sai ga tebur, ga ƙafafu, ga mai bashi tsaye yana kallonsu, duk a hoto ɗaya. Fim ɗin tsoro da abin da ka ɓoye yake rayuwa. Barkwanci kuwa sai mai kallo ya ga jiki gaba ɗaya, ya kuma ga fuskar wanda ake yi wa wautar a lokaci guda. In ka raba su, ko edita ya kwana yana haɗawa, dariyar ta riga ta huce.

Garin neman haske na kunna har dogayen fitilun silin na ɗakin, na jawo wa kaina wata. Hoton ya riƙa ƙyaftawa kamar mai ciwon ido. Muna ɗaukar hoto 24 a daƙiƙa, marfin cikin kyamara, mai buɗewa haske ya shiga wa kowane hoto, na buɗe a digiri 180, wato kashi ɗaya cikin 48 na daƙiƙa, wutar lantarkin kuma tana juyawa sau 50 a daƙiƙa. Ba su jitu ba. Mataimakina ne, yaron da nake aika ɗauko batir, ya raɗa min in mayar da marfin digiri 172.8. Ƙyaftawa ta tsaya cak. Har yau ban manta masa ba, ko da yake a ranar ko godiyar kirki ban yi masa ba, girman kai ya hana.

Ana saura kwana uku mu gama, wani furodusa ya zo lokeshan da akwati. Ya buɗe, sai ga Steadicam, rigar ƙarfen nan da Garrett Brown ya ƙirƙira a shekarun 1970, wadda ake ɗaura kyamara a jiki a yi gudu hoto bai girgiza ba. Fim ɗin faɗa zai yi. Ya tambaye ni ko na taɓa saka ta.

Na ce masa sau da yawa. Ko taɓa ta ban taɓa yi ba.

Mu haɗu a mako mai zuwa.